Jan Alƙalami Ma Mudu Ne

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Godiya ta tabbata ga Allah wanda Ya hori bayinsa da cika mudu da tsai da adalci. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa, da waɗanda suka bi tafarkinsu har ranar sakamako.

Bayan haka, 'yan'uwa Musulmi, filinmu na wannan mako zai tsaya ne a kan wata wasiƙa da wani saurayi ya aiko mana daga Surko, cikin ƙasar Birnin Kudu a Jihar Jigawa. Ya roƙa kada a ambaci sunansa, mun kuwa karɓi roƙonsa. Ga abin da ya ce:

"Malam, ina da takardar NCE, yau shekara uku ke nan ina koyarwa a makarantar ƙauyenmu ba albashi, sai ɗan abin da iyayen yara suka tattara mini. Da aka yi shelar ɗaukar malamai na je na zauna jarrabawa. Sakamako ya fito, maki biyu kacal ya rage mini in kai iyakar da aka yanka. Akwai wata tambaya ta lissafi wadda na tabbata amsata ce daidai, malamaina biyu ma sun gaskata ni, amma na ji an ce amsar da masu dubawa suka riƙe daban ce. Abokaina da abin ya shafa sun ce mu haɗa kuɗi mu ɗauki lauya. Baba kuwa ya ce in bar wa Allah, abin da ba rabona ba ne babu kotun da za ta ba ni, kai ƙara kuma jayayya ce da ƙaddara. Malam, wanne zan bi?"

Tambayar nan ta fi yadda take a ido nauyi, gama akwai haƙƙin mutum uku a cikinta. Akwai wanda ya zauna jarrabawa, akwai wanda ya riƙe jan alƙalami ya duba, akwai kuma yaron da ke zaune a aji yana jiran wanda za a kawo masa da sunan malami. Biyun farko kowanne yana iya ɗaukar lauya ya tsaya gaban alƙali. Na ukun ba shi da lauya, bai ma san ana shari'a a kansa ba. Duk amsar da ta manta da yaron nan guntuwa ce, ko da ta faranta wa mai wasiƙa rai.

Kada a ɗauka cewa rigima a kan maki ƙaramin abu ne. A shekarar 2017 Gwamnatin Jihar Kaduna, a zamanin Gwamna Nasiru El-Rufa'i, ta yi wa malaman firamare kimanin 33,000 jarrabawa da tambayoyi irin na 'yan aji huɗu. A watan Oktoba aka ba da sanarwa cewa mutum 21,780 ba su kai kashi 75 cikin 100 ba, saboda haka za a sallame su a ɗauki sababbi 25,000. Ƙungiyar Malamai ta Nijeriya, watau NUT, ta ce ba haka aka yi da ita ba, kashi 60 aka daidaita a kai tun farko. Ta ce kuma gwada cancantar malami hurumin Hukumar Rajistar Malamai ta Nijeriya ne, wadda aka kafa da dokar 1993. Ƙungiyar ta kai ƙara Kotun Ma'aikata ta Ƙasa da ke Kaduna, a watan Disamba kotu ta ba da umarni a dakata da sallamar har a gama shari'a. Duk da haka takardun sallama suka isa hannun masu su a watan Janairu na 2018, malamai suka shiga yajin aiki na kimanin kwana 10.

Wanda ya bi labarin nan da natsuwa zai lura cewa babu ɓangaren da ya fito ya ce yana son a bar jahili ya koyar da 'ya'yan mutane. Gardamar duka a kan mudu take: wane mudu ne, wa ke da ikon awo da shi, kuma yaushe aka yanka girmansa. Tsakanin kashi 60 da kashi 75 akwai abincin gidaje masu yawa, akwai kuma makomar yara waɗanda suka fi gidajen yawa. To, tun da magana ta koma kan awo da hukunci, addininmu yana da abin faɗa mai yawa a kai.

MAI DUBA TAKARDA ALƘALI NE

Yawancinmu in aka ce alƙali, hankalinmu yakan tafi ga mai rawani a kan buzu ko mai baƙar riga a babbar kotu. Malamai magabata sun faɗaɗa ma'anar fiye da haka. Shaihi Ibnu Taimiyya, wanda ya rasu a shekara ta 728 bayan Hijira, ya bayyana a littafinsa As-Siyasatush Shar'iyya cewa sunan alƙali yana hawa kan duk wanda ya yanke hukunci tsakanin mutum biyu, tun daga sarki har zuwa mutumin da yara suka kawo wa rubutunsu don ya faɗi na wa ya fi kyau, ya kuma jingina wannan fahimta ga sahabbai. To, in wanda ya raba gardamar allo tsakanin almajirai biyu yana ɗauke da nauyin alƙalanci, ina ga wanda aka jibge wa takardu ɗari biyar, kowace takarda kuwa akwai mutum a bayanta yana jiran aikin da zai ci da iyalinsa?

Sanannen hadisi ne, Abu Dawuda da Tirmizi sun ruwaito shi, cewa alƙalai sun kasu uku, ɗaya ne kaɗai zai tsira. Wanda ya san gaskiya ya yi hukunci da ita shi ne mai tsira. Wanda ya san ta ya karkace, da wanda ya yi hukunci bisa jahilci, makomarsu wuta. Mu auna wannan da teburin duba jarrabawa. Wanda ya ga amsa daidai ya soke ta don ya buɗe wa ɗan ƙanwarsa gurbi, ya shiga kashi na biyu. Wanda ya karɓi duba lissafi alhali shi kansa lissafin ya gagare shi, ko wanda ya tsara takardar amsoshi da garaje bai ba wani masani ya bi ta ba, ya ji wa kansa tsoron kashi na uku. Kyakkyawar niyya ba ta wanke wanda ya karɓi aikin da ya san bai iya ba.

Bayan alƙalanci kuma, mai dubawa ma'auni ne. Suratul Muɗaffifina ta buɗe da narkon azaba ga mutanen da ke cika mudu in su ne masu karɓa, su tauye in su ne masu bayarwa. Suratu Hudu ta ba mu labarin mutanen Annabi Shu'aibu, waɗanda tauye awo yana cikin laifuffukan da suka jawo musu halaka. Kowa ya taɓa sayen hatsi a kasuwar Sara ko ta Birnin Kudu ya san mudun da aka bubbuga gindinsa, ya san kuma hannun da ke share kan tiya da wayo. In an kama irin wannan ma'auni, gaban Sarkin Kasuwa ake kai shi, jama'a su taru a kansa. Amma wanda ya tauye maki biyu a cikin ɗaki, ƙofa a rufe, babu mai ganinsa sai Allah, alhali kuwa ɓarnarsa ta fi ta mai tiya nisa. Mai tiya ya rage wa gida tuwon dare ɗaya. Mai jan alƙalami yana iya rage wa mutum aikin shekara talatin da biyar.

GYARA DA HATSIN WANI

Tauyewa kowa ya yarda zalunci ce. Abin da ya fi yawa a cikinmu, wanda har muke ba shi sunan kirki, shi ne ƙari. Za ka ji an ce, "Malam, a taimaka wa yaron nan, maraya ne, maki biyar ya rage masa." Mai dubawa ya ƙara, ya koma gida yana jin ya yi sadaka. A kasuwa in ma'auni ya gama awo ya ɗebi ɗan hatsi ya zuba maka, sunansa gyara, halal ne, domin daga buhunsa ya ɗiba. Maki kuwa ba buhun mai dubawa ba ne. Guraben aiki ƙidayayyu ne. Duk wanda aka ɗaga da maki biyar na alfarma, akwai wani da aka ture daga layi, wataƙila shi ma maraya ne, sai dai ba shi da wanda zai yi masa magana. Aya ta 135 a Suratun Nisa'i ta hore mu da tsayuwa kan adalci ko da a kan kanmu ne ko iyaye ko dangi, ta kuma ambaci mawadaci da matalauci duka, don kada tsoron wancan ko tausayin wannan ya karkatar da mu. Mai son taimakon maraya ya taimake shi da aljihunsa, ko ya zaunar da shi ya koya masa kafin ranar jarrabawa.

Sa'an nan ga wanda aka fi zalunta, watau ɗalibi. A Suratul Ƙasasi, yayin da 'yar dattijon Madyana ta ba mahaifinta shawarar ya ɗauki Annabi Musa aiki, siffa biyu ta ambata, ƙarfi da amana. Ƙarfin malamin makaranta shi ne sanin abin da zai koyar. In aka ɗauki wanda ba shi da shi, yaro zai shekara shida a firamare ya fita bai iya karanta wasiƙa ba, iyayensa suna zaton yana karatu, shekarun kuwa ba su dawowa. Bukhari ya ruwaito cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya sanya danƙa al'amari ga wanda bai cancanta ba a matsayin tozarta amana, kuma alamar kusantowar Alƙiyama. A Kaduna ma, a cikin 2018, gwamnati ta sallami fiye da 4,000 daga sababbin malaman da ta ɗauka, ta ce ta gano ba su cancanta ba. Waɗannan kuwa ta ƙofar jarrabawa aka ce sun shigo.

In ana son ganin inda wasa da maki yake kai al'umma, a dubi Jihar Bengal ta Yamma a ƙasar Indiya. Hukumar ɗaukar ma'aikatan makarantu ta jihar ta yi jarrabawa a 2016, daga baya bincike ya nuna an sauya makin wasu, an ɗauki waɗansu da ba su ci ba. Takardun amsa na asali kuwa an riga an lalata su. A watan Afrilu na 2024 Babbar Kotun Kalkata ta soke ɗaukar mutum 25,753, malamai da sauran ma'aikata, a watan Afrilu na 2025 Kotun Ƙoli ta Indiya ta tabbatar da sokewar, ta ce algus ya game aikin har ba a iya tsince tsaba daga tsakuwa. Mutanen da suka ci da guminsu, suka shekara da shekaru suna koyarwa, sai ga shi laifin wasu ya shafe su. Wanda ya fara ƙara wa mutum ɗaya maki a can, ai bai yi zaton ƙarshen abin ke nan ba.

HAƘƘIN DA KE KAN HUKUMA

Daga abin da ya gabata, akwai abubuwa huɗu da suka wajaba a kan kowace hukuma mai yin jarrabawar ɗaukar malamai. Na farko, a faɗi girman mudu kafin a fara awo. A rubuta makin ci a cikin shela, kowa ya gani, kada a taɓa shi bayan an ga sakamako, ko don a rage yawan waɗanda suka ci, ko don a shigar da wanda aka ga ya faɗi. Musulmi suna kan sharuɗɗansu, kamar yadda ya zo a hadisi, shela kuwa sharaɗi ce tsakanin hukuma da masu neman aiki. Na biyu, mudu ɗaya ga kowa. A ɓoye sunaye a bar lamba, don kada mai dubawa ya san ɗan wa yake aunawa. Kada kuma ya karɓi kyauta daga mai takarda a hannunsa. Labarin Ibnul Lutbiyya, wanda aka aika karɓar zakka ya dawo ya ware wani kaso ya ce kyauta aka yi masa, yana cikin Bukhari da Muslim, kuma Annabi ya hau mumbari ya yi tir da abin.

Na uku, a ba masu dubawa lokaci da haƙƙinsu. Shari'a ta hana alƙali yin hukunci yana cikin fushi, malamai kuma suka haɗa da matsananciyar yunwa da gajiya da barci, domin duk suna rufe basira. Mutumin da aka ba takardu ɗari biyar aka ce gobe da safe ake so, kuɗin aikin bara ma ba a biya shi ba, in ya yi kuskure yana da kaso a laifin, wanda ya ɗora masa yana da kaso mafi girma. Na huɗu, a adana takardu, a kuma buɗe ƙofar sake dubawa. Ƙa'idar shari'a ita ce mai ƙara shi ke kawo hujja. To, ina mai jarrabawa zai samo hujja alhali takardarsa tana kulle a akwatin wanda yake ƙara? Wanda ya riƙe hujjar abokin shari'arsa ya hana a gani, ya toshe hanyar gaskiya. Ko da kwamfuta ce ta duba, mutum ne ya ɗura mata amsoshin, in ya ɗura kuskure za ta maimaita shi ga mutum dubu ba tare da ta ji kunya ba. A fitar da amsoshin a fili bayan jarrabawa, a ba da 'yan kwanaki don masu ƙorafi. Sayyidina Umaru, Allah Ya yarda da shi, a wasiƙarsa ga Abu Musa al-Ash'ari, ya gargaɗe shi kada hukuncin da ya yanke jiya ya hana shi komawa ga gaskiya in ta bayyana masa yau.

KAI ƘARA DA ƘADDARA

Yanzu mu dawo ga maganar mahaifin mai wasiƙa. Dattijon ya faɗi gaskiya a rabin maganarsa: abin da Allah bai rubuta wa bawa ba, babu mai ba shi. Amma babu wanda ya san abin da aka rubuta masa sai bayan ya faru, shi ya sa aka umarce mu da bin sababi. Lokacin da Sayyidina Umaru ya nufi Sham ya ji labarin annoba ya juya da mutanensa, Abu Ubaida ya tambaye shi ko gudun ƙaddarar Allah yake yi. Umaru ya nuna masa cewa juyawar ma ƙaddarar Allah ce, ya buga masa misali da makiyayi da ya sauka a wani kwari mai gefe biyu, ɗaya mai ciyawa ɗaya busasshe, duk inda ya kora raƙumansa da ƙaddara ya kora su. Manomin Gwaram da aka ci masa iyakar gona ba ya cewa rabo ne ya naɗe hannu, wurin mai unguwa yake zuwa. Aya ta 148 a Suratun Nisa'i ta yi wa wanda aka zalunta izinin bayyana abin da aka yi masa, Suratul Mujadala kuwa sunanta ma daga matar da ta kawo kukanta gaban Annabi ya samo asali, Allah kuma Ya saukar da hukunci a kan lamarinta.

Kai kukan ma'aikacin hukuma ma ba baƙon abu ba ne a Musulunci. Imam Mawardi, wanda ya rasu a shekara ta 450 bayan Hijira, ya keɓe babi guda a littafinsa Al-Ahkamus Sulɗaniyya a kan majalisar mazalim, inda talaka ke kai kukan gwamna ko magatakarda. A ƙasar nan ma an kafa Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a tun 1975 don irin wannan. Yafewa alheri ce in haƙƙin naka ne kai kaɗai. Amma in amsar da aka riƙe kuskure ce, kowa ya amsa daidai an soke shi, kowa ya amsa kuskure an ba shi maki, mai magana a nan yana yi wa jama'a aiki ne, har da yaran da za a koya wa lissafin.

ABIN DA KOTU KE WARWAREWA

Sai dai fa ba kowane rashin gamsuwa ne ake kai wa alƙali ba. Malaman fiƙihu sun rarrabe tsakanin kuskure bayyananne da saɓanin ijtihadi. Imam Ƙarafi, babban malamin Malikiyya na Misira, ya ambaci cewa ana warware hukuncin alƙali in ya saɓa wa nassi bayyananne, ko ijma'i, ko ƙa'idojin shari'a, ko ƙiyasi bayyananne. Abin da ya rataya ga ijtihadi kuwa, ba a rushe shi da wani ijtihadin. Sayyidina Umaru ya taɓa hana shaƙiƙai gado a wata mas'ala inda 'yan'uwa na wajen uwa suka ci sulusi, daga baya irinta ta sake zuwa ya haɗa su duka a sulusin, da aka tuna masa hukuncin farko sai ya bar shi yadda yake. Haka abin yake a jarrabawa. In an yi kuskuren tara maki, ko an tsallake shafi ba a duba ba, ko amsar hukuma ta ce bakwai sau takwas hamsin da huɗu ne, wannan saɓa wa nassi ne, wajibi ne a gyara ko bayan shekara. In kuwa insha'i ne, masani ya karanta da gaskiya ya ba da 12 cikin 20, mai shi yana ganin ya cancanci 15, wannan ijtihadi ne. Da za a buɗe wannan ƙofa, da babu jarrabawar da za ta ƙare.

Abin sha'awa, alƙalan zamani sun iso kusa da wannan ta tasu hanyar. A watan Disamba na 2017, watan da kotun Kaduna ta ba da nata umarni, Kotun Ƙoli ta Indiya ta yanke hukunci a kan wata jarrabawar ɗaukar malamai ta Jihar Uttar Pradesh wadda aka shekara takwas ana shari'a a kanta. Kotun ta ce alƙali ba zai zauna ya sake duba takardu da kansa ba, domin ba fanninsa ba ne. Za a ɗauka amsar hukuma daidai ce sai an nuna kuskure ƙarara wanda ba ya bukatar dogon tawili, in kuwa akwai shakka a bar wa hukuma. A lura da shekara takwas ɗin nan. Yaron da ya shiga aji ɗaya ranar da aka fara shari'ar ya gama firamare kafin a gama ta. Shari'ar da ta tsai da ɗaukar malamai baki ɗaya saboda tambaya guda, ajin da ba malami ne ke biyan kuɗinta.

Akwai kuma gargaɗi ga mai ƙara. Ummu Salama, Allah Ya yarda da ita, ta ruwaito, yana cikin Muwaɗɗa da Bukhari da Muslim, cewa Annabi ya faɗakar da masu kawo masa shari'a: wani yakan fi wani iya tsara hujja, a yanke masa bisa abin da aka ji, to duk wanda aka ba haƙƙin ɗan'uwansa ta wannan hanya, yankin wuta aka yanka masa. Hukuncin kotu ba ya halatta haram. Wanda ya san a ransa bai yi karatu ba, ko da satar amsa ya kai inda ya kai, in lauya ya ci masa shari'a da fasahar baki, albashin da zai ci yana da tambaya a kansa. Haka kuma Suratul Hujurati ta hana mu yawan zato. Faɗuwa jarrabawa ba hujja ba ce cewa an ci hanci. Ka ce an yi kuskure a tambaya kaza, ga dalili, wannan neman haƙƙi ne. Ka ce wane ɓarawo ne ba tare da shaida ba, wannan ƙazafi ne, ka fita daga sahun wanda aka zalunta ka koma sahun azzalumai.

To, ɗana mai wasiƙa, ga amsarka. Neman a sake duba takardarka halal ne, ba jayayya da ƙaddara ba ne. Amma ka lura, a wasiƙarka ka ce "na ji an ce", ji kuwa ba gani ba ne. Ku fara da rubuta wa hukumar takarda cikin ladabi, ku ambaci lambar tambayar, da amsarku, da hujjarku daga littafin da ake koyarwa da shi, ku nemi a nuna muku amsar da aka riƙe, ku ajiye kwafi. Kada ku yi jinkiri, domin irin waɗannan ƙararraki suna da wa'adi. In ba a saurare ku ba, ku je Hukumar Sauraron Koke-koke, ba a biyan kuɗi a can. Kotu ta zama matakin ƙarshe, in kun je kuma ku roƙi a gyara tambayar ga kowa da kowa, har da wanda gyaran zai sa ya wuce ku, kada ku roƙi a tsai da ɗaukar malamai duka. Ka shirya wa ranka cewa sake dubawa tana iya nuna kai ne ka yi kuskure. In haka ta faru, ka karɓa da hannu biyu, ka koma ga littafi. A duk tsawon wannan, kada ka bar yaran da kake koyarwa.

Game da mahaifinka, kada ka tsallake shi, kada kuma ka ɗaga masa murya. Tsoro yake ji maka, ya ga mutanen da shari'a ta cinye musu gona. Ka sami lokacin da hankalinsa ke kwance, ka karanta masa wannan, ko ka roƙi limaminku ya yi masa bayani, ka nemi albarkarsa kafin ka ɗaga ƙafa. Ku kuma masu riƙe da jan alƙalami, daga mai duba gwajin aji uku har zuwa mai tsara jarrabawar jiha, ku tuna akwai ranar da za a kafa ma'auni, a miƙa wa kowa takardarsa ya karanta da kansa, ranar da babu alfarma babu ɗaukaka ƙara.

Allah Ya sa mu cika mudu, Ya ba 'ya'yanmu malamai na gari, Ya ba mai haƙƙi haƙƙinsa. Allah ne Mafi sani. Sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu. Wassalamu alaikum wa rahmatullah.